Ta shiga daban, ta dace daban: fashin baƙi kan wili da tayar ƙaramar mota

A watan Afrilun bara ɗan yayata ya sayi Corolla 'yar 2005, shigowar Amurka, irin wadda ta cika titunan Birnin Kebbi. Bai yi mako biyu da ita ba ya ce ƙafafunta ba su yi masa ba. Ya samo wilin aloi, wato na alminiyam, guda huɗu da aka cire daga Golf 4, masu sheƙi, ramuka biyar-biyar kamar na motarsa. Mai faci ya ɗora, noti ya kama, ya ce masa, "Ta shiga, Alhaji, Allah shi tsare." Bayan kwana uku muka kama hanyar Jega tare. Muna wuce Kalgo, maleji na haura 90, sai sitiyari ya fara rawa a hannunsa. Na ce ya tsaya mu duba. Ya ce, "Kawu, balansin ne kawai, in mun isa sai a yi." Na matsa masa har ya sauka gefen kwalta. Noti biyu na ƙafar gaba da yatsuna na juya su.

Tun ranar maganar ke cina, don abin da ya same shi ba baƙo ba ne a wurinmu. A gareji da bakin tasha tambaya ɗaya ake yanke hukunci da ita: ta shiga ko ba ta shiga ba? Alhali mota da duk rayukan da ke cikinta suna tsaye ne a kan wurare huɗu da roba ke taɓa ƙasa, kowanne bai fi tafin hannun babban mutum da yawa ba. Birki, kwana, kauce wa rami, duk ta nan suke bi. Kamfanin da ya ƙera motar ya riga ya auna komai ya rubuta. Buɗe ƙofar direba ka duba jikin ƙarfen da ƙofar ke rufuwa a kai, za ka ga takarda a manne mai ɗauke da girman taya, yawan iska, da nauyin da motar za ta iya ɗauka. Daga nan ake fara ciniki.

A Corolla irin tasa abin da aka fi gani shi ne 195/65 R15 ko 185/65 R15. Mu ɗauki na farko. Lambar 195 faɗin taya ne da milimita. Lambar 65 ita ce ta fi ruɗa mutane, don ba milimita ba ce: tana nufin tsayin gefen taya, daga bakin wili zuwa zane, kashi 65 cikin 100 ne na faɗin. Kashi 65 na 195 ya kama kusan milimita 127. Harafin R na nuna irin saƙar wayar da ke ciki, wadda kusan duk tayar ƙaramar mota ke da ita a yau. Sai 15, girman wili da inci. Masu sayar da taya da yawa wannan lambar ta ƙarshe kawai suke tambaya, "Sha biyar ko sha shida?" Amma tayoyin sha biyar iri-iri ne, wasu sun fi wasu tsayi da kusan kamu na yatsu uku.

Abin da mota ta damu da shi shi ne tsayin ƙafar gaba ɗaya, wili da taya a haɗe. Lissafin ba wuya. Inci ɗaya milimita 25.4 ne, don haka wili mai inci 15 milimita 381 ne. A ƙara gefen taya na sama da na ƙasa, 127 sau biyu, a samu kusan milimita 634 da rabi. Wannan tsayin ne aka saita maleji da giya da birkin ABS, mai hana taya kullewa in an taka birki, a kansa. Shi ya sa wanda ke son komawa wili sha shida yake sa 205/55 R16, domin tsayinta milimita 632 ne, bambancin bai kai milimita 3 ba. Wili ya ƙaru, gefen taya ya ragu, tsayi yana nan. Ƙa'idar da masu sana'ar ke bi ita ce kada sabon tsayi ya kauce wa na asali da fiye da kashi 3 cikin 100.

Na san dalilin da ke sa direbobinmu neman doguwar taya, kuma dalili ne mai ƙarfi. Duk wanda ke shiga ƙauyukan Bunza ko Suru da damina, ko yake sauka daga kwalta zuwa gonar shinkafa a fadama, ya san zafin jin cikin mota na gurzar ƙasa. Sai a ce masa ya sa 205/70 R15, mota za ta tashi. Tsayin wannan tayar milimita 668 ne, ta fi ta asali da 34. Amma rabin wannan ne kawai ke ɗaga mota, wato milimita 17, bai kai faɗin babban yatsa ba. A madadin haka maleji zai riƙa nuna 100 alhali ana gudun 105, mota za ta yi nauyin tashi, giya mai canza kanta za ta riƙa wahala, kuma da an cika fasinja aka faɗa rami taya za ta daki madigadi. Wanda ya matsu, 205/65 R15 ta tsaya a kashi 2 cikin 100, ita ce iyakar abin da zan ba mutum shawara, bayan an juya sitiyari har ƙarshe hagu da dama an ga ba ta goga ko'ina.

Can ɗaya ɓangaren kuma akwai samari masu son babban wili da siririyar taya, sha bakwai da 215/45. A lissafin tsayi ta wuce, milimita 625 ce. Inda take da matsala shi ne gefenta milimita 97 ne kacal, ta rasa 30 daga 127 na asali. Wannan gefen shi ne matashin da ke shanye duka kafin ya isa wili da shakazoba. A hanyar da rami mai kaifin baki ke ɓoye bayan kowace kwana, siririyar taya takan matse tsakanin bakin rami da wili, wayar ciki ta tsinke, gefe ya yi ƙulu. Taya mai ƙulu ta gama aiki, ba faci ba dabara. Wilin ma ba ya tsira. Na ƙarfe in ya lanƙwashe ana bubbuga shi ya koma ya kai ka gida, na aloi kuwa yakan tsage, kuma ba kowane gari tsakanin Koko da Yauri za ka samu mai gyara shi ba. Ni dai a ganina, ga mai bin hanyoyin jihar nan, wilin ƙarfe sha biyar da cikakkiyar taya ya fi kowane ado.

To, mu koma kan abin da ya kusa jefa mu daji a Kalgo, wato wilin kansa. Ƙirga ramuka shi ne abu na farko, kuma nan yawancin mutane suke tsayawa. Ramukan suna zaune ne a kan da'ira, ita ma da'irar tana da awo. In aka rubuta 5x100 ana nufin ramuka biyar a kan da'ira mai faɗin milimita 100. Corolla ta Amurka daga 2003 zuwa 2019 haka take. Amma Corolla ta Turai ta farkon shekarun 2000 ramuka huɗu gare ta, 4x100, suna ɗaya ƙafa daban. Camry da Civic daga 2006 suna da 5x114.3. Civic ta 2001 zuwa 2005 da yawancin Golf 3 suna da 4x100. Peugeot 406 da 307 suna da 4x108. Wanda ba shi da littafin mota yana iya aunawa da rula: a wili mai rami huɗu, daga tsakiyar rami zuwa tsakiyar wanda ke fuskantarsa. A mai rami biyar, tsakanin ramuka biyu maƙwabta, in ka samu kusan milimita 59 to 5x100 ne, in 67 ne to 5x114.3 ne.

Haɗarin yana wurin waɗanda suka yi kusa da juna. Wilin Marsandi 5x112 ne, bambancinsa da 5x114.3 bai kai milimita biyu da rabi ba. Ido ba zai gane ba, kuma in aka tura da ƙarfi zai hau. Sai dai kowane noti zai zauna a karkace yana lanƙwasa bol ɗinsa kaɗan-kaɗan, a kowane juyi na taya, har ranar da ƙarfen zai gaji ya karye. In ɗaya ya karye sauran sun ƙara kaya.

Wilin Golf 4 da yaron nan ya sayo, ramukansa daidai ne, 5x100. Sauran abubuwa biyu ne suka saɓa. Na farko babban ramin tsakiya. A ƙafar mota akwai wata cibiya da ta ɗan fito, kanikawa na ce mata hob, a kanta wili ke zama ya daidaita tsakiya. Ta Corolla milimita 54.1 ce, ramin wilin Golf 57.1 ne. Wannan milimita 3 na banza shi ya bar wili ya zauna a gefe kaɗan, kuma ko sau goma aka yi balansin rawar ba za ta tafi ba, don a kan injin balansin wilin daidai yake, a kan motar ne ya kauce. Maganinsa wani zobe ne na roba ko alminiyam da ke cike gurbin. In kuwa ramin wili ne ya yi wa cibiya kaɗan, misali a ce za a sa na Toyota mai 54.1 a Civic mai 56.1, ba zai kwanta ba sam. Akan samu mai cewa a kai a fafe ramin da girandi. Kada ka yarda, hannu ba ya fafe da'ira daidai.

Na biyun shi ne mazaunin noti, abin da da wuya ka ji an ambata a gareji. Bakin ramin da noti ke kwanciya iri uku ne. Akwai mai gangare kamar mazurari, shi ne na wilin ƙarfen Toyota da yawancin aloi na kasuwa. Akwai mai zagaye kamar cikin ludayi, shi ne na Volkswagen da Honda. Akwai shimfiɗaɗɗe mai tafiya da wosha, na aloi ɗin Toyota na asali. Notin motar yaron mai gangare ne, aka ɗaura shi a mazauni mai zagaye. Maimakon fuska ta haɗu da fuska, sai wani siririn layi kawai ya taɓa. Ƙarfen aloi mai laushi ne, ya lotsa a wurin, noti ya saki. Ga shi kuma ramukan Golf 4 an yi su ne don bol mai kaurin milimita 14, na Corolla 12 ne. Ko tsakanin motocin Japan akwai tarko: kaurin bol ɗin Toyota da Nissan ɗaya ne, amma zaren ya bambanta, na Toyota da Honda 1.5, na Nissan 1.25. Notin da ya fara shiga sannan ya cije bayan juyi biyu yana cin zare ne, ba ɗauri yake ba.

Saura awo ɗaya. Juya wili ka duba bayansa, za ka ga rubutu irin 6Jx15 ET45. Lambar 6 faɗin wili ne da inci, kuma taya 195 tana zama lafiya a kan wili mai inci 5.5 zuwa 7. ET kuwa yana faɗin inda fuskar da ke manne da mota take, in aka auna daga tsakiyar faɗin wili. In lambar ta ragu wili ya fito waje, in ta ƙaru ya shige ciki. Daga ET45 zuwa ET25 ƙafa ta fito da milimita 20. Mota takan yi kyan tsayuwa, amma boris zai riƙa ɗaukar kaya ta gefen da ba a tsara masa ba, sai ka ji mutum yana canza boris duk bayan 'yan watanni yana zargin kayan gyara. In ta shige ciki da yawa kuma taya ta gogi shakazoba. Milimita biyar sama ko ƙasa ba laifi. Mai son rage girman wili, daga sha shida zuwa sha biyar, ya fara gwada ƙafar gaba ya ga bai taɓa kan birki ba.

Ɗaurin noti ma yana da awo, na Corolla 103 ne a ma'aunin Nm. A sauƙaƙe, nauyin kilo 35 ne a ƙarshen sifana mai tsawon santimita 30. Ƙato mai kilo 70 in ya hau sifanar da ƙafa ya ninka abin da ake so, balle a zura mata bututu. Bol yakan miƙe ya raunana. A ɗaura a tsallake, wannan sai wanda ke fuskantarsa, kuma a sake bi bayan tafiyar kilomita 50 zuwa 100.

Bayan girman taya akwai lamba da harafi, misali 91H. Lambar ta nauyi ce: 91 na nufin kilo 615 a kan taya ɗaya, 88 kilo 560, 82 kilo 475. Harafin na gudu ne: T kilomita 190 a awa, H 210, V 240. Wani zai ce ai ba ya gudun 190. Gaskiya ne, amma tayar da aka gina don ta jure gudu ita ce kuma ta fi jure zafi, kuma zafi shi ne abokin gabarmu. Kada a sauka ƙasa da abin da ke jikin ƙofa. Game da nauyi, abin da aka yarje wa irin wannan mota, mutane da kaya a haɗe, wajen kilo 400 ne. Manya biyar da buhun shinkafa ɗaya mai kilo 50 sun cike shi. Motar hayar da ke tasowa daga Aliero da mutum shida da buhunan albasa but a buɗe an ɗaure da igiya, kusan duk rarar tana kan tayoyin baya biyu. Mai irin wannan aiki ya nemi taya mai alamar XL, wadda aka ƙarfafa, ko da yake ita ma ba ta ƙara wa birki da sifirin ƙarfi.

Yanzu sai babbar magana, tayar gwanjo, wadda ake kira Beljiyam. Tun da Michelin ya rufe masana'antarsa ta Fatakwal a 2007, Dunlop ya daina ƙera taya a Legas a 2008, tayar ƙaramar mota daga waje take zuwa mana, kuma duk sanda naira ta faɗi sabuwa sai ta ƙara nisa da talaka. Tsofaffin tayoyin ƙananan motoci suna cikin jerin kayan da aka haramta shigowa da su, amma mu da ke iyaka da Nijar da Benin mun san kasuwa ba ta rabuwa da su. Ba na ganin laifin mai iyali da ya sayi gwanjo don ita aljihunsa ya kai. Abin da ke damuna shi ne yadda ake zaɓe: a shafa zane, a ga yana da zurfi, a biya. Sau da yawa kallon kitse ake yi wa rogo.

Kowace taya tana ɗauke da ranar haihuwarta. Nemi rubutun da ya fara da DOT, ka bi shi zuwa lambobi huɗu na ƙarshe. In ka ga 2319, an ƙera ta a mako na 23 na shekarar 2019. In lambobin uku ne, tun kafin 2000 aka yi ta. Roba tana bushewa ko ba a hau ta ba, kuma rana da zafi suna gaggauta hakan. Hukumar Kiyaye Haɗurra ta Ƙasa ta daɗe tana gaya wa direbobi cewa wa'adin taya shekara huɗu ne. Michelin yana cewa daga shekara biyar a riƙa duba ta kowace shekara, kuma kada ta wuce goma ko yaya take. Wanda ke tuƙi a inda zafi ke haura digiri 40 daga Maris zuwa Mayu, kwalta kuma ta fi haka nesa, ya fi dacewa ya karkata ga ƙaramin adadi.

Wani abin kuma, da yawa daga cikin masu zurfin zanen nan tayoyin hunturun Turai ne. Za ka gane su da hoton tsauni mai kai uku da alamar ƙanƙara a ciki, da ƙananan tsage-tsage barkatai a kan zanen. An haɗa robarsu ne don ta yi laushi a sanyin da ya gaza digiri 7. A kwaltar Argungu da azahar sai ta yi taushi fiye da kima, birki ya yi tsawo, zane ya cinye da wuri. Alamar M+S ita kaɗai ba ta isa hujja ba, don tayoyin Amurka na kowane yanayi ma suna da ita. A tayoyi da yawa akwai kuma darajar jure zafi, A ko B ko C. Mu A ce tamu. Sa hannu cikin tayar ka shafa, ka nemi faci, ka duba bakin da ke kama wili ko ya lanƙwashe, domin akan cusa taya cikin taya wajen shigo da su, wayar baki ta lalace. Huda a gefe ba ta faci. Zanen da ya suɗe ya yi daidai da 'yan tudun da ke cikin kwarinsa ya kai milimita 1.6, ya ƙare.

Ko an dace da komai, iska na iya ɓata shi. Lambar da ke jikin taya, 44 ko 51, iyakar iskar da za ta iya ɗauka ce. Ta motarka tana jikin ƙofa, yawanci tsakanin 30 da 33. Akwai al'adar rage iska da bazara wai kada taya ta fashe. Wannan shi ke fasa ta. Taya mai ƙarancin iska gefenta na lanƙwasa yana miƙewa a kowane juyi, zafi ya taru a ciki har roba ta rabu da waya. A yi geji da safe kafin a yi tafiya. In an auna a tsakiyar hanya aka ga ta ƙaru da uku ko huɗu, haka ya kamata, kada a sace. Ƙaramin geji na aljihu ya fi bugun taya da sifana a saurari ƙara.

Wanda kuɗinsa na taya biyu ne, su zama iri ɗaya, girma ɗaya, a kan layi ɗaya. A motar da ke ja da gaba, in ta hagu ta fi ta dama tsayi, kayan cikin giya da ke raba juyi tsakaninsu za su yi ta aiki ba hutu, mota ta riƙa ja gefe. Kuma masu ƙera taya suna cewa sababbin a baya ake sa su. Na san wannan ya saɓa wa abin da muka taso da shi. Dalilin shi ne in gaba ya sulɓe a ruwa direba yana ji a sitiyari, ya ɗaga ƙafa mota ta dawo. In baya ya sulɓe mota juyawa take yi, kuma kaɗan ne ke iya kamo ta.

Ɗan yayata ya mayar da wilinsa na ƙarfe, ya canza bol biyu da zarensu ya ci, ya sayi sababbin tayoyi biyu 195/65 R15 91H aka sa a baya. Ranar da ake aikin na ce ya ɗaga shimfiɗar but mu ga safaya. 'Yar siririyar nan ce da motocin Amurka ke zuwa da ita, wadda aka rubuta wa iska 60 da gudun da bai wuce kilomita 80 a awa ba. Zanenta ko ƙasa bai taɓa ba. Lambarta 4704, gefenta duk ya tsattsage, mai faci ya ɗora geji ya nuna 18.